Fernando Fernán Gómez: Shekara 68 a Sana'ar da Ta Ciyar da Shi, Ta Kuma Binne Masa Aiki

A watan Nuwamba na 2007 aka ɗora akwatin gawar wani dattijo a kan dandamalin Teatro Español, tsohon gidan wasan kwaikwayo na tsakiyar birnin Madrid. An lulluɓe akwatin da tuta mai launin ja da baƙi, tutar 'yan ƙwadagon Sifaniya masu aƙidar cewa bai kamata wata hukuma ta hau kan ɗan Adam ba. Jama'a suka yi layi suna wucewa ta gabansa, talakawa da 'yan wasa da manyan gwamnati. Mamacin shi ne Fernando Fernán Gómez, wanda ya rasu ranar 21 ga watan yana da shekara 86, bayan ya fito a finafinai kusan 200, ya ba da umarni a sama da 20, ya rubuta wasannin kwaikwayo da littattafai.

Abin da ke ɗaure kai shi ne, mutumin da aka rufe da wannan tuta ya yi suna ne a finafinan da gwamnatin Janar Franco, mai mulkin kama-karya na Sifaniya, ke alfahari da su. A 1948 ya fito a matsayin ɗalibin makarantar sojan ruwa a Botón de ancla. A 1951 ya fito a Balarrasa, labarin wani hafsan soja mai shashanci da ya tuba ya zama limamin coci, ya tafi wa'azi ƙasar ƙanƙara. Soja da coci, su ne ginshiƙai biyu na mulkin Franco, kuma fuskar Fernán Gómez ce aka yi tallarsu da ita. Yaya aka yi mutum ɗaya ya ɗauki waɗannan abubuwa biyu? Amsar mai sauƙi ita ce a ce munafunci ne, ko a ce ya sauya sheƙa da ya ga iska ta juya. Ni ban gamsu da ko ɗaya ba, kuma duk wanda ya bi yadda sana'ar take a lokacin zai ga dalili.

Haihuwarsa ma a kan hanyar sana'a aka yi ta. Mahaifiyarsa, Carola Fernán Gómez, 'yar wasa ce, tana cikin rangadi da ƙungiyarsu a Kudancin Amurka naƙuda ta kama ta a Lima, babban birnin Peru, a watan Agusta na 1921. Ba a yi masa rajista ba sai da ayarin ya isa Buenos Aires, saboda haka a takarda ya zama ɗan Ajantina, kuma a haka ya zauna har 1984 kafin ya karɓi takardar zama ɗan Sifaniya. Mahaifinsa ɗa ne ga María Guerrero, sarauniyar dandamalin Sifaniya ta wancan zamani, wadda ba ta yarda ɗanta ya auri ƙaramar 'yar wasa ba. Yaron bai taso da sunan uba ba. Sunan da duniya ta san shi da shi na mahaifiyarsa ne, kuma a hannun kakarsa ta wajen uwa ya girma a Madrid, yayin da uwar ke yawo gari-gari tana nemo abin da za a ci.

Yana dab da cika shekara 15 yaƙin basasar Sifaniya ya ɓarke a Yulin 1936. Madrid ta zauna cikin ƙawanyar sojojin Franco kusan shekara uku, ana ruwan bama-bamai, abinci sai da kati. Gidajen wasa da yawa sun koma hannun ƙungiyoyin ƙwadago, kuma a makarantar 'yan wasa ta ƙungiyar CNT, masu waccan tuta ja da baƙi, ya fara koyon aiki. A 1938 ya fara fitowa ana biyansa. Shekara guda bayan haka Franco ya ci yaƙi. Fernán Gómez ɗan shekara 17 ne a lokacin, ba shi da dukiyar gado, ba shi da wata sana'ar hannu. Manyan marubuta da 'yan wasa da suka iya tserewa sun tafi Meziko da Ajantina da Faransa. Shi ya zauna, kamar yadda yawancin mutane ke zama, domin gudun hijira ma sai da guzuri.

Marubucin barkwanci Enrique Jardiel Poncela ne ya fara lura da shi, dogo siriri mai jan gashi da dogon hanci da murya kamar daga cikin rijiya. A 1941 ya ba shi fitowa mai tsoka a wani wasansa, har ya laƙaba wa mutumin da ke cikin labarin suna Mai Jan Gashi saboda shi. A 1943 ya shiga fim.

A nan ya kamata a tsaya a dubi yadda kasuwar take, domin ita ce mabuɗin komai. Gwamnatin Franco ba ta tsaya a kan almakashi kawai ba. Gaskiya ne hukumar tace finafinai tana karanta labari tun kafin a ɗauka, tana kuma yanke abin da ba ta so bayan an gama, da wakilin coci a zaune a cikinta. Amma igiyar da ta fi ɗaure masu fim ita ce ta kuɗi. Tun 1941 aka wajabta cewa duk fim ɗin waje sai an ɗora masa muryar Sifaniyanci kafin a nuna shi, irin abin da muka saba gani a fassarar finafinan Indiya, sai dai a can doka ce ta tilasta. Wannan ya sa finafinan Amurka suka cinye kasuwa, tunda mai kallo yana jin taurarin Hollywood da harshensa. Riba ta koma wajen shigo da fim ɗin waje, kuma lasisin shigowar gwamnati ke bayarwa, ga furodusan da ya yi fim ɗin gida da ya faranta mata rai. Daga 1952 aka koma tsarin matakai: hukuma ta kalli fim ta ba shi daraja, wanda aka ce yana da amfani ga ƙasa a mayar masa da rabin kuɗin da ya kashe, wanda aka jefa matakin ƙarshe ba ya samun ko sisi, kuma manyan gidajen sinima sun rufu gare shi. Furodusa ba ya buƙatar a yi masa barazana. Lissafi kaɗai ya ishe shi ya san irin labarin da zai saya. Ɗan wasa kuwa yana can ƙarshen layi, abin da aka miƙo masa shi zai karanta.

Saboda haka idan aka ce Fernán Gómez ya fito a fim ɗin soja da na limami, ai kusan abin da ake ɗauka ke nan, sai finafinan tarihin sarakuna da na waƙe-waƙen Andalus. Abin lura shi ne abin da ya yi a gefe. A shekarar da Balarrasa ta mayar da shi tauraro, a ita ya amsa kiran wasu samari biyu da ba wanda ya san su, Juan Antonio Bardem da Luis García Berlanga, ya fito a fim ɗinsu na farko, Esa pareja feliz, a matsayin ma'aikacin lantarki da ke zaune da matarsa a ɗakin haya, suna fama da talauci. Sunansa ne ya ba wa fim ɗin nauyi, duk da haka sai 1953 aka samu nuna shi. Waɗannan samari biyu su ne daga baya suka sauya alƙiblar fim a Sifaniya. Wannan tsari ya bi shi tsawon rayuwa: ya yi aikin da ke kawo abinci, ya ɗebi kuɗin da sunan ya zuba a aikin da zuciyarsa ke so.

Inda abin ya fi ciwo shi ne shekarun 1960. A 1963 ya shirya El mundo sigue, ma'ana duniya na ci gaba da tafiya, daga littafin Juan Antonio de Zunzunegui. Labarin 'yan'uwa mata biyu ne a wata unguwar talakawa ta Madrid da suka tsani juna. Ɗaya ta riƙe mutuncinta, ta auri mai hidima a shagon shan shayi da giya, wanda cacar ƙwallon ƙafa ta cinye masa hankali, yana dukanta, 'ya'yanta na kwana da yunwa. Ɗayar ta bi masu kuɗi, ta dawo unguwa a mota. Fernán Gómez da kansa ya fito a matsayin mijin, ba tare da ya nema masa ko ɗigon tausayi daga mai kallo ba. A ƙasar da gwamnati ke shelar cewa iyali mai tsoron Allah shi ne tushen al'umma, fim ɗin ya nuna cewa mai haƙuri ce ta hallaka, wadda ta watsar da tarbiyya ta ci riba. Ba a haramta shi kai tsaye ba. An ba shi ƙaramin mataki, ya rasa mai rarrabawa, aka nuna shi a wani gidan sinima a Bilbao a 1965, daga nan ya ɓace. Sai a 2015, shekara takwas bayan rasuwar mai shi, aka gyara shi aka sake fitar da shi, masu sharhi suka fara sa shi a sahun finafinan da suka fi kowanne a tarihin ƙasar.

Na biyun, El extraño viaje na 1964, labarin kisan kai a wani ƙauye da tsegumi da tsoro suka shaƙe, ya kwana a kan kanta har 1969 kafin a haska shi a wani ƙaramin gidan sinima na unguwa. A tsakanin nan kuma ya sa hannu a wasiƙar da marubuta da masana suka aika wa ministan yaɗa labarai Manuel Fraga a 1963, suna neman bayani kan azabtar da masu haƙar kwal da ke yajin aiki a yankin Asturias. Sa hannu a irin wannan takarda a lokacin yana rufe wa mutum ƙofofi.

Me ya yi bayan an binne masa finafinai biyu mafi kyau? Ya koma finafinan barkwanci na kasuwa, miji mai tsoron mata, malami mai mantuwa, ɗaya bayan ɗaya. Wasu masu sharhi suna kallon waɗannan shekaru a matsayin ɓarnar baiwa. Ni ina ganin su ne suka sa yana nan a tsaye lokacin da dama ta zo. Da ya yi fushi ya ajiye sana'ar a 1965, da yau sunansa na cikin jerin waɗanda ake cewa da sun daɗe da sun yi abin mamaki. Kuma akwai wani abu da ba a cika faɗa ba: a cikin waɗannan finafinai marasa nauyi ne jama'a suka saba da shi har ya zama kamar kawun kowa. Wannan sabo jari ne, kuma daraktocin da suka zo daga baya sun ci moriyarsa.

A 1973 Víctor Erice ya sa shi a El espíritu de la colmena. Ƙauye ne a tsakiyar Sifaniya a 1940, shekara guda bayan yaƙi. Ya fito a matsayin uba mai kiwon zuma wanda kusan ba ya magana, yana zaune da dare yana rubutu yana sokewa, matarsa na aika wasiƙu ga wani da ba a nuna ba, 'ya'yansa mata biyu na raɗa a gado. Ba a taɓa cewa wannan mutum yana ɓangaren da aka ci da yaƙi ba, tunda hukumar tacewa na nan daram. Amma mai kallo ɗan Sifaniya da ya shekara talatin yana jin wannan murya tana cika gidan sinima, ya ga mai ita ya yi tsit, ya san abin da ake nufi. Baƙon ɗan wasa ba zai iya wannan ba, sai wanda jama'a suka san yadda yake idan yana magana. Fim ɗin ya ci babbar kyauta a bikin finafinai na San Sebastián, kuma daga nan martabarsa ta ɗauki wata hanya. Franco ya mutu a Nuwamban 1975, aka soke tace finafinai a 1977, shekarar da Fernán Gómez ya karɓi kyautar gwarzon ɗan wasa a bikin finafinai na Berlin. Ya sake karɓarta a 1985.

Dandamali fa? Nan ne labarin ya ɗan karkace daga yadda ake zato. An saba jin tsofaffin 'yan wasa suna cewa dandamali shi ne gida, fim kuwa wurin neman kuɗi. Shi bai yi wannan da'awar ba. Aikin dandamali a Madrid na zamaninsa wasa biyu ne a rana, ɗaya da yamma ɗaya da dare, kwana bakwai a mako. Ranar hutu ma sai a farkon shekarun 1970 'yan wasa suka ƙwato ta, kafin babban yajin aikinsu na Fabrairun 1975. Maimaita magana ɗaya sau 14 a mako na tsawon watanni ya gundure shi, kuma bai ɓoye cewa idon 'yan kallo a kansa yana takura masa ba. A ƙarshen shekarun 1970 ya janye daga fitowa a dandamali a kai a kai. Amma a daidai lokacin ne ya ba wa dandamalin kyauta mafi girma, da alƙalami.

Wasansa Las bicicletas son para el verano, wato keke abin hawan bazara ne, an fara nuna shi a 1982 a wannan Teatro Español ɗin. Yaro ya roƙi mahaifinsa keke a bazarar 1936, uban ya ce a ɗan jira, sai yaƙi ya shigo. Ba a nuna fagen daga ko sau ɗaya. Ana cikin ɗakin cin abinci ne, inda uwar gida ta lura cewa tukunyar ɗan waken da take dafawa kullum raguwa take kafin a zo rabo. Ta tara iyali tana tambaya. Ɗaya bayan ɗaya suka amsa cewa kowa na zagayawa kicin ya ɗebi cokali guda yana ganin ba za a gane ba, har ita kanta. Wanda ya taɓa zama a gidan da abinci ya yi ƙaranci ya san wannan kunya, ta satar abin da kai ma kana da haƙƙi a cikinsa. A ƙarshe uban ya shaida wa ɗansa cewa abin da ya iso ba zaman lafiya ba ne, nasarar ɓangare ɗaya ce. Wannan jimla ta zama abin da 'yan Sifaniya ke maimaitawa har yau. Mutumin da ya sa kakin sojan Franco a fim shi ne ya rubuta ta, kuma shekara arba'in ya yi yana riƙe da ita a ciki.

Aikin da na fi ganin ya bayyana shi kansa shi ne El viaje a ninguna parte, tafiyar da ba ta kai ko'ina. Ya fara rubuta shi a matsayin wasan rediyo, ya mayar da shi littafi a 1985, sannan fim a 1986. Labarin ayarin 'yan wasa ne na iyali ɗaya da ke bin ƙauyuka a ƙafa bayan yaƙi, suna wasa a shaguna da rumbuna, wani lokaci a biya su da kwano ɗaya na abinci. Sifaniyawa na kiran irinsu cómicos de la legua, saboda a da can ba a barinsu su kwana cikin gari, sai su yi zango da nisa a bayan ganuwa. Abin da ke kashe musu kasuwa shi ne wani mutum mai yawo da majigi. Akwai wuri guda da ba na mantawa. Tsohon shugaban ayarin, wanda Fernán Gómez ya fito a matsayinsa, ya samu ɗan aiki a wani fim, jimla ɗaya tak zai faɗa. Ya buɗe murya ya ja kalmar kamar yadda ya saba yi don na bayan rumbu ya ji, yana zare ido yana ɗaga hannu. Darakta ya tsayar, ya ce ya faɗa kamar yadda mutane ke magana. Ya sake, ya ƙara ja. Aka kore shi a gaban ɗansa. Ana dariya a wurin, amma dariya ce mai ɗaci, domin tsohon bai yi kuskure a sana'arsa ba. Abin da ya shekara hamsin yana ƙwarewa a kai ne ya daina amfani a rana ɗaya. Kiɗa ya canza, ƙafarsa ba ta san sabuwar rawar ba.

Fernán Gómez ya san wannan tsoho ciki da waje, jinin mahaifiyarsa ne da abokan aikinta. Bambancinsu shi ne shi ya koyi rage murya. Ya tsallaka daga dandamali zuwa kyamara, daga baƙi-da-fari zuwa mai launi, daga sinima zuwa talabijin, daga saurayi mai ban dariya zuwa uba zuwa kaka, kuma a kowane mataki ya yarda ya ajiye abin da ya yi masa amfani jiya. Ga alama abin da ya sauƙaƙa masa shi ne yadda ya ɗauki aikin. Kalmar da ya fi so a kira shi da ita ita ce cómico, sunan da ake kiran waɗancan 'yan yawon, wanda ba ya ɗauke da wani girma. Mai ganin kansa ma'aikaci ba ya jin an ci masa mutunci idan aka ce ya sauya salo, kuma ba ya mutuwa idan aiki ɗaya ya faɗi. A bikin farko na Goya, babbar kyautar finafinan Sifaniya, a 1987, wannan fim ya ci kyautar fim mafi kyau da ta darakta da ta rubutun labari, shi kuma ya ƙara da ta gwarzon ɗan wasa a wani fim ɗin nasa daban. Bai halarci bikin ba.

Ba na son a ɗauka ina wanke shi tas. Finafinan farkon nan sun yi wa mulkin kama-karya aiki, ko da wanda ya fito a ciki bai yi niyya ba, kuma akwai takwarorinsa da suka biya farashin da shi bai biya ba, na kurkuku da na gudun hijira. Mutum ne kuma mai zafin rai. Akwai matasan Sifaniya da suka fara saninsa ta wani hoton bidiyo da yake daka wa wani masoyinsa tsawa a bainar jama'a, kuma ba abin yabo ba ne. Sai dai idan za a yi hukunci, a ɗora duka a sikeli: shekarun da ya yi yana ciyar da kasuwa, da abin da ya yi da 'yancin da kasuwar ta saya masa.

Shekarunsa goma sha biyar na ƙarshe girbi ne. Belle Époque na 1992 da Todo sobre mi madre na Pedro Almodóvar na 1999 duk sun ci Oscar, yana cikinsu. A na biyun fitowarsa ba ta wuce 'yan mintuna ba: tsoho ne da mantuwa ta cinye, ya haɗu da 'yarsa a wani fili, karensa ya gane ta, shi kuwa ya tambaye ta shekarunta da tsawonta kamar baƙuwa, ya wuce. A 1999 ɗin ya fito a La lengua de las mariposas a matsayin malamin makarantar ƙauye a Galicia a 1936, wanda aka tura cikin mota za a tafi da shi, ɗalibin da ya fi ƙauna yana bin motar da jifa saboda iyayensa na tsoron a haɗa da su. Duk abin da ya faru a wurin a fuskar malamin yake, bai furta komai ba. Ya karɓi kyautar Yariman Asturias, babbar lambar yabo ta Sifaniya, a 1995, ya shiga Majalisar Harshen Sifaniyanci ta Sarauta a 2000, inda ake zaman tsara ƙamus, aka ba shi lambar girmamawa a Berlin a 2005. Fim ɗinsa na ƙarshe ya fito a 2006.

Bayan rasuwarsa hukumar birnin Madrid ta sa sunansa a gidan wasan da ke dandalin Colón. Tafiyar 'yan mintuna ce a ƙafa daga nan zuwa Teatro María Guerrero, gidan da ke ɗauke da sunan kakar da ta hana a ba shi sunan ubansa.